Ɗan'uwanmu na Nono

Shagona yana unguwar Mansur a Makka, a layin masu kayan miya, kuma duk wanda ya taɓa kawo mini kaya ya san tambayoyin da nake yi kafin in kwance buhu. Daga ina ya fito? Wa ya kawo shi? Yaushe aka girbe shi? Ko daddawa ce, ko kuka, ko busasshiyar kuɓewa, ba na ɗora ta a kantar shago sai na san asalinta. Abokan sana'a suna cewa na cika tsanani. Ni kuwa na san masu sayen kayana ba sa dawo mini da shi.

Wurin mahaifina na ɗauko wannan hali, Allah ya jiƙansa. Da ƙafa ya taso daga Kano yana saurayi, ya yi shekaru a hanya kafin ya ga Ka'aba. Idan ya zaunar da mu bayan la'asar sai ya jero garuruwan da ya ratsa: Kano, Maiduguri, Fallomi, Abeshe, Junaina, Ubayyid, Madani inda ya tsaya tsinkar auduga har ya auri mahaifiyata, sannan Sawakin, sannan Jidda. Mu ma sai mun jero. Wanda ya tsallake gari ɗaya, daga Kano zai sake tasowa. Karatuna bai wuce makarantar tsakiya ba, amma na fito daga gidanmu da sanin cewa komai yana da farko, kuma wanda ya soma labari daga tsakiya, ko dai bai san farkon ba ko kuwa ɓoye shi yake yi.

Gidanmu a unguwar Utaibiyya yake. Hajiya, mahaifiyata, tana tare da mu. 'Yata ta ƙarshe sunan Hajiya ta ci, don haka bakina bai taɓa kama sunanta ba, Mamana nake ce mata, ita kuma Hajiya tana ce mata Takwara. Akwai kuma mutum ɗaya da yake shiga gidan nan ba tare da ya jira a ƙofa ba. Ɗan tsofaffin maƙwabtanmu ne, jikan Jawawa, mutanen gabas mai nisa, wanda Hajiya ta shayar tare da ni lokacin da mahaifiyarsa ta kwanta ciwo. Gajere ne, fari, Hausarsa ba ta wuce "sannu" da "tuwo" ba. Amma ɗan'uwana ne na nono. Yarana Ammi suke ce masa, wato baffa da Larabci, kuma 'ya'yana mata ba sa rufe fuska a gabansa.

Shekarar da Mamana ta gama sakandare ta shiga cikin 'yan mata masu aikin sa-kai a lokacin Hajji, suna taimaka wa mata a wani wurin jinya a Mina. Ta dawo da labarin wata tsohuwa da ta ɓace daga ayarinta, tana kuka tana magana, ba Larabci ba, ba Turanci ba, ba Faransanci ba. An kara mata waya a baki don wayar ta fassara, kukan ya hana wayar gane komai. Sai da rana ta karkata aka samo mutanenta. Daga wata ƙasa ta hayin teku suke, kuma yarensu Sifaniyanci ne. Na ce Allah ya ba ku lada, na ɗauka magana ta wuce.

Ba ta wuce ba. Bayan Hajji da kaɗan ta same ni ina shan shayi, ta durƙusa.

"Abuya, jami'a ta karɓe ni. A Riyad. Sashen harsuna."

"Wane harshe?"

"Isbani."

"Da Hausa."

Ta dubi wanta, wanda yake bi ma babbansu, yana kwance yana danna waya. Ya ce, "Sifaniyanci, Abuya. Yaren 'yan ƙwallo."

Ta ce za ta zauna wurin ƙanwata da take aure a can, kuma jami'ar ta ba da wa'adi, idan ba ta amsa ba kafin ƙarshen wata za a ba wata gurbin. Ban ce e ba, ban ce a'a ba. Zuwa Riyad bai dame ni ba, ƙanwata ta fi ni tsanani. Abin da ya tsaya mini biyu ne. Ban san asalin wannan yare ba. Sannan yarinyar da ba ta iya haɗa zance uku da Hausa ba sai ta tsoma Larabci, ita ce za ta tafi ta kwaso yaren wasu.

Washegari na kai maganar bencin ƙofar shago, inda muke zama da dattawan layi. Wani tela da ake ganin ya yi karatu a cikinmu ya ce ai wannan abu sananne ne. Sifaniya ita ce Andalus, Musulmi sun mulke ta, saboda haka yarensu Larabci ne da ya lalace a bakin Nasara. Kowa ya gyaɗa kai. Maganar ta yi mini daɗi, amma ban karɓa ba, domin tela bai faɗi wa ya kawo ba, bai faɗi yaushe ba.

Da na koma gida na tara iyalina na yanke hukunci. Ranar Juma'a mai zuwa ta sama, bayan an sauko daga masallaci, Mamana za ta jero mini asalin Sifaniyanci kamar yadda kakanta yake jero hanya: wa ya haife shi, a ina, shekarunsa nawa, ta ina ya bi. Da Hausa za ta yi, Hajiya ce alƙali. Na ƙara da cewa, "Idan ɗan Larabci ne kamar yadda ake faɗa, to ɗan gida ne, ba ni da ta cewa. Idan kuwa bare ne, sai mu duba."

Ina fita na jiyo wanta yana ce mata da Larabci, "Khalas, an ba ki amsa. Ki ce ɗan Larabci ne ki ɗauki jakarki." Ban tsaya jin abin da ta ce ba.

Kwanakin da suka biyo baya gidan ya canza. Mamana ta tare a ɗakin Hajiya. Duk lokacin da na wuce sai in ji ana dariya.

"Sitti, yaya ake cewa husun?"

"Wace ce Sitti? A wannan makon ni Kaka ce. Mene ne shi?"

"Gini babba na yaƙi, da bango mai tsawo."

"Ganuwa kike nufi, 'yar Larabawa. Ce ganuwa."

"Ganwa."

"Kin cinye rabi. Yunwa kike ji?"

Tun rasuwar mahaifina ban ji Hajiya ta yi surutu haka ba. Ranar Alhamis kuma sai ga Mamana a shago da mahaifiyarta. Ta zaɓi albasa, tafarnuwa, gyaɗa, barkono, garin masara. Na tambaye ta na mene ne. Ta ce, "Sai gobe, Baba." Baba ta ce, ba Abuya ba. Na lura, ban nuna ba.

Ranar Juma'a muka dawo daga masallaci tare da Ammi, domin shi ba ya rasa tuwon Juma'a a gidanmu. Aka shimfiɗa ledar cin abinci. Hajiya ta zauna a kujerarta da mafici a hannu, ta ce duk kalmar Larabcin da ta fito za ta buga shi a hannun kujera. Na jira kwanon tuwo. Sai Mamana ta fito da faranti ɗaya: gurasa, gishiri, dafaffen ƙwai, yankakkiyar albasa, tafarnuwa, kofin madara da ruwa.

Ammi ya leƙa farantin ya dube ni, ya tambaya da Larabci ina tuwo. "Fen tuwo?"

"Wannan shi ne zango na farko," in ji Mamana. Ta durƙusa ta nuna kowane abu tana faɗin sunansa. Zan rubuta su yadda kunnena ya ji. Gurasa pan, gishiri sal, ruwa agwa, madara leche, albasa seboya. "Duk waɗannan sunaye daga uban yaren suka fito. Sunansa Latin, yaren Rumawa. Sojojin Rum ne suka shiga ƙasar da shi, wajen shekara ɗari biyu kafin haihuwar Annabi Isa. Ba Latin na littafi ba, ya'ani..."

Mafici ya sauka, ƙwas.

"Wato," in ji Hajiya.

"Wato na bakin soja da ɗan kasuwa da manomi. Mutanen da suka tarar suna da nasu yarukan, a hankali suka saki suka kama wannan. Saura ɗaya a duwatsun arewa da ya ƙi mutuwa har yau, shi ne ma ya ba su kalmar hagu."

Wanta ya dafe kai. Na ajiye gurasar da na ɗauka.

"Rumawa," na ce.

"E, Baba."

"Ina Larabcin?"

"Bai iso ba tukuna. Kai ka ce a bi hanya gari-gari."

Hajiya ta rufe baki da mafici. Ni ban yi dariya ba. Na riga na faɗa a gaban kowa abin da zai buɗe ƙofa, yarinyar nan ta ji, kuma ga shi ta ajiye shi gefe ta kawo mini Rumawa. Na ce ta ci gaba.

Ta ce mulkin Rum ya rushe, wasu mayaƙa daga arewa suka karɓi ƙasar, amma su ne suka koyi yaren talakawansu, abin da suka bari bai wuce 'yan kalmomi ba, har da kalmar yaƙi. Da babu sarki ɗaya mai riƙe kowa, sai Latin ya rarrabu, kowane yanki da yadda bakinsa ya lanƙwasa shi. Na Faransa daban, na Italiya daban, na Fotugal daban, duk uba ɗaya. Wanda muke magana a kansa ya taso ne a wani ɗan yanki na arewa mai yawan ganuwa, ta faɗi kalmar cikakkiya tana kallon Hajiya, kuma daga ganuwoyin nan yankin ya sami sunansa, Kastila.

"Shekarunsa nawa?" na tambaya.

"Ba shi da ranar haihuwa."

"Babu abin da ba shi da ranar haihuwa."

"Kaka tana da ita?"

Nan kowa ya fashe, har Ammi bayan an fassara masa. A katin Hajiya an rubuta ɗaya ga Rajab, kamar yadda aka rubuta wa rabin tsofaffin Makka, domin ranar da ma'aikaci ya tambaya babu wanda ya sani.

"Ni da damina aka haife ni," in ji Hajiya. "Rajab ɗin nasu ne."

"To haka shi ma," in ji Mamana. "An fara ganinsa a rubuce wajen shekara dubu da suka wuce. Masu ibadar Nasara suna karanta littattafan Latin, ya yi musu nauyi, sai suka riƙa rubuta ma'ana a gefen shafi da yaren da suke yi a gida. Wannan shi ne katinsa. Amma kafin nan ya daɗe yana yawo a bakin mutane."

Wannan na gane shi sarai. Littattafan fiƙihun mahaifina suna nan a akwati, gefen kowane shafi cike da Hausar ajami da ƙananan haruffa. Na ɗauki ƙwai.

Ta kwashe farantin ta shiga kicin, ta fito da babban tire, ita da mahaifiyarta suna riƙe da shi. Shinkafa ce rawaya da za'afaran, da kaza, da soyayyen gauta irin na nan, zaitun a gefe, yankan lemon tsami, da lemon zaƙi da aka barbaɗa wa sukari. Ammi ya gyara zama ya naɗe hannun riga.

"Zango na biyu. A shekara ta casa'in da biyu bayan Hijira Musulmi suka haye daga ƙasar Magrib. Sun zauna kusan shekara ɗari takwas, har ranar da Garnaɗa, birninsu na ƙarshe, ta faɗi." Ta soma nunawa. Shinkafa aros. Mai aseite. Zaitun aseituna. Sukari asukar. Za'afaran asafran.

Ammi ya tsaya da loma a hannu, ya rantse da Larabci cewa wannan ai yarensu ne. "Ar-ruz. Az-zait. As-sukkar. Wallahi hada kalamna!"

Ta ce Larabawa sun zo da noman rani da awo da gini da lissafi, kuma kowane abu da sunansa ya shigo. Kalmomin sun kai dubbai. Mai gari ma alkalde suke ce masa, daga alƙali. Ta ɗaga kofin shayi ta ce wannan kuma tasa.

"Me kika ce?" in ji Hajiya.

"Tasa."

"Tasa dai tasa? Tawa ta cin tuwo?"

"Tasu ta shan shayi ce, Kaka."

"Sun rage mata girma. Amma ita ce."

A nan wanta ya ɗaga hannu kamar ɗan makaranta. "Ina da ƙara. An ce ba Larabci. Ta ce sukari, ta ce alƙali, ta ce zaitun, ta ce lissafi, mafici bai motsa ba. Alƙalin nan an saye ta."

"Rufe mini baki, angon banza," in ji Hajiya. "Sukari Hausa ce. Tun ina yarinya nake shan sa."

"Daga Larabci ya zo, Sitti. Da albasa, da almakashi, da aljihu, da alƙalami."

"To Larabci ne ya haifi Hausa?"

Ya dube ni. Na ce a'a. Wannan kam na sani. Ruwa, wuta, uwa, ƙasa, hannu, babu ɗaya da ya yi kama da na Larabawa. Hausa da gidanta ta zo.

Hajiya ta ajiye mafici a cinya. Ta daɗe tana kallon Ammi, wanda ya koma kan shinkafarsa bai san ana kallonsa ba.

"Takwara, shekara nawa kika ce ya yi a hannun Larabci?"

"Kusan ɗari takwas."

"Kai," ta ce da ni, "wannan da yake cinye mana kaza, ni na haife shi?"

"A'a, Hajiya."

"Ubansa Bahaushe ne?"

"A'a."

"Ka taɓa tsayar da shi a ƙofa ka tambaye shi asali?"

Hajiya ta ci gaba.

"Malamanmu na gida sun ce ko tsotso ɗaya ya isa, na nan suka ce sai biyar. Wannan yare ya sha nonon Larabci shekara ɗari takwas. Hausa ma ta sha, har yau ba a yaye ta ba. Uba daban, uwa daban, nono ɗaya. Ka ce idan bare ne za ka duba. To duba."

Ammi ya ɗago yana tambayar me ya faru. "Esh fi?"

"Ci abincinka," in ji Hajiya da Hausa, kuma ya gane.

Na so in yanke magana a nan, amma hanya ba ta ƙare ba, kuma ba ni ne zan tsallake gari ba. Na ce saura. Mamana ta kawo faranti na uku: kunun masara, soyayyar gyaɗa, tumatir da barkono, da cakulan da ta saya a Rusaifa. Ta ce a shekarar da Garnaɗa ta faɗi, a shekarar nan aka buga littafin farko na ƙa'idojin yaren, kuma a ita jiragen ruwansu suka haye babban teku suka faɗa ƙasashen da ba su san da su ba. Ba da lalama suka shiga ba, ta ce, an zubar da jini, an danne yaruka da yawa. Mutanen can su ma sun ba shi nasu: tomate, chokolate, mais wato masara. Yau ƙasashe wajen ashirin ke magana da shi, har da guda a Afirka kusa da Kamaru, kuma masu yin sa a Meziko sun fi na Sifaniya yawa nesa ba kusa ba.

"Kamar mu ke nan," in ji mahaifiyarta. "An bar gida an cika duniya."

Mamana ta zauna a kan dugaduganta. Mafici ya sauka sau da yawa a ranar, ban ƙirga ba, amma tun daga Rumawa har Meziko ba ta tsallake zango ba, kuma ba ta sayar mini da abin da na so ji ba alhali ta san farashinsa. Na wanke hannu, na goge, sannan na yi magana.

"Na farko, wurin gwaggonki za ki zauna. Na biyu, duk Juma'a za ki kira kakarki, da Hausa. Na uku, gobe ki amsa musu."

Ta rufe fuska da mayafi. Hajiya ta rangaɗa guɗa, irin wadda ban san tana da sauran numfashinta ba, har maƙwabciya ta aiko tambaya ko haihuwa aka yi. Ammi ya rungume ni yana mabruk, mabruk, sannan ya tambaya ko duk da haka akwai tuwo. Akwai. Mahaifiyar yaran ta san mutanenta, ta tuƙa tun da safe ta ɓoye.

Ranar Asabar na fito da albasa, da kwalbar man zaitun, da tumatir, na jera su a bencin ƙofar shago. Na bi wa dattawan layi hanya daga farko. Tela ya ce ai kusan abin da ya faɗa ke nan. Na ce a'a, shi daga Madani ya taso, ya bar Kano a baya.

Yanzu Mamana tana shekararta ta uku. Hajjin bara ta koma Mina, an sa ta a inda matan hayin teku suke sauka, ta dawo muryarta a dushe saboda magana. Duk Juma'a bayan la'asar wayar Hajiya tana ƙara. Ina zaune ina jin su. Hajiya takan tambayi gwaggo, ta tambayi yara, ta tambayi sanyin Riyad, a jere, yadda ya kamata. Daga nan sai ta gyara riƙon wayar ta tambayi lafiyar Sifaniyanci, "To, ya ɗan'uwan namu? Yana jin magana?"